Sayar da Fuloti ko Gida a Rukunin Ƙungiyar Gama Kai: Inda Rigima ke Tasowa da Abin da Doka ta Tanada

Kamar yadda jama'a suka sani, ƙungiyoyin gama kai sun daɗe suna taimaka wa ma'aikata, manoma da 'yan kasuwa wajen mallakar muhalli. Mambobi su riƙa tara kuɗi wata-wata, ko a riƙa cira daga albashinsu, ƙungiya ta sayi makeken fili a bayan gari, a yanka shi fulotai, a raba wa waɗanda suka biya. Wasu ƙungiyoyin kan gina gidajen da kansu, mamba ya tare, ya ci gaba da biya kaɗan-kaɗan har ya kammala. Magidanta da yawa da ba su da ƙarfin sayen fili lokaci guda ta wannan hanya suka samu inda suka ajiye iyalinsu.

Ranar rabo kowa murna yake yi. Rigima takan jira sai ranar da fulotin zai bar hannun wanda aka ba shi, ko dai ta hanyar sayarwa, ko kyauta, ko jingina, ko gado. A nan ne ake jin ƙungiya ta ce ba ta san mai saye ba, ko mutum biyu su fito kowa da takardarsa a kan fuloti ɗaya, ko magada su ja daga da wanda mamaci ya rubuta sunansa a fom. Mun shirya wannan bayani ne domin mazauna karkara, waɗanda galibi gonakinsu ne ake saye, da kuma dagatai, masu unguwanni da jami'an ƙananan hukumomi, waɗanda su ake fara kai wa ƙara idan abu ya ɓaci.

Abin da muke so a fara riƙewa shi ne, a cikin irin wannan rukuni akwai haƙƙi iri biyu da suke tafiya tare, amma kowanne da dokar da ke kula da shi. Na farko shi ne zama mamba, da hannun jari, da takardar rabon fuloti. Wannan yana ƙarƙashin dokar ƙungiyoyin gama kai da dokokin cikin gida na ita ƙungiyar. Na biyu shi ne haƙƙin riƙe ƙasar kanta, wanda ke ƙarƙashin Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978. Mafi yawan shari'o'in da ake yi sun samo asali ne daga mutumin da ya sayi na farko yana zaton ya sayi na biyu.

Ƙungiya a idon doka

An kafa dokar gama kai ta farko a Nijeriya a 1935, bayan rahoton da wani Bature mai suna Strickland ya gabatar a 1934. Jihar Arewa ta yi tata dokar a 1956, sannan a 1993 Gwamnatin Tarayya ta fitar da Dokar Ƙungiyoyin Gama Kai ta Nijeriya, ga kuma dokokin da jihohi ke aiki da su. Bisa dokar 1993, ƙungiya ta matakin farko tana buƙatar aƙalla mutum goma kafin a yi mata rajista. Da zarar an yi mata, ta zama tamkar mutum guda mai zaman kansa: tana iya mallakar dukiya da sunanta, ta ƙulla yarjejeniya, ta kai ƙara, a kuma kai ƙararta, kuma mutuwar shugaba ko saukar sakatare ba ta rushe ta.

Wannan batu na rajista ba ƙaramin abu ba ne. Ƙungiyar da ba ta da rajista ba ta da sunan da za a rubuta a takardar fili, saboda haka sai a ga an rubuta sunan shugaba ko ma'aji bisa amana. Muddin yana raye kuma ana zaman lafiya, babu wanda zai ce uffan. Ranar da Allah ya yi masa rasuwa kuwa, magadansa za su tarar da takardar hekta goma da sunan mahaifinsu, kuma nauyin tabbatar da cewa kuɗin jama'a ne ya koma kan mambobi. Idan babu rubutaccen taro, babu rasit, babu shaidar banki, aikin yana da wuya ƙwarai.

Ƙasar kanta

Dokar Amfani da Ƙasa ta fara aiki ranar 29 ga Maris, 1978, kuma sashe na 315 na Tsarin Mulkin 1999 ya ba ta kariya ta musamman. A Arewa ba baƙon tsari ba ne, domin Dokar Riƙon Ƙasa ta 1962 ta riga ta shimfiɗa irinsa. Sashe na 1 ya danƙa dukkan ƙasar da ke cikin jiha a hannun Gwamna, ya riƙe ta amana domin amfanin jama'a. Abin da mutum ko ƙungiya ke samu shi ne haƙƙin zama da amfani. Gwamna ne ke ba da shi a wuraren da aka ayyana a matsayin birni, kuma shi ke sa hannu a takardar shaidar mallaka wadda aka fi sani da satifiket, mai wa'adin shekara 99 a galibin filayen zama. A wajen birni kuwa ƙaramar hukuma na da ikon ba da haƙƙi irin na gargajiya.

Sashe na 22 ya hana mai riƙe da haƙƙin da Gwamna ya bayar ya sayar, ko ya jinginar, ko ya miƙa wa wani, dukkansa ko wani yanki nasa, sai da amincewar Gwamna. Sashe na 21 ya ɗora irin wannan sharaɗi a kan haƙƙin gargajiya, inda ake neman amincewar ƙaramar hukuma. Sashe na 26 kuma ya ce duk cinikin da ya saɓa wa dokar ɓatacce ne. Kotun Ƙoli ta nuna nauyin wannan a shari'ar Bankin Savannah da Ajilo a 1989, inda ta rushe jinginar da aka yi ba tare da amincewar Gwamna ba, alhali mai gidan ya mallaki wurin tun kafin a kafa dokar. A 1995, a shari'ar kamfanin Awojugbagbe da Chinukwe, kotun ta fayyace cewa ba laifi ba ne a shirya yarjejeniya a sa mata hannu kafin amincewar ta fito, amma cinikin yana nan a rataye har sai ta fito. Nauyin nemo ta yana kan mai sayarwa, ko da yake a aikace mai saye ne ke zirga-zirga, domin shi ne zai yi asara.

To, idan muka dawo kan rukunin ƙungiya, sau da yawa satifiket ɗaya ne ya rufe filin baki ɗaya, kuma da sunan ƙungiya yake. Takardar rabo da ke hannun mamba shaida ce tsakaninsa da ƙungiyarsa cewa fuloti mai lamba kaza nasa ne idan ya cika sharuɗɗa. A ofishin ƙasa ba a san shi ba tukuna. Kafin a san shi, sai an amince da taswirar yanka filin, an samu izinin Gwamna ko Kwamishinan da ya wakilta, ƙungiya ta sa hannu a takardar miƙa masa haƙƙi, an biya kuɗin hatimi, an yi rajista. Ƙungiyoyi da dama sukan tsaya a rabo, su bar wannan zango na ƙarshe saboda tsada da jan lokaci. A ganinmu wannan shi ne sakaci mafi girma da shugabannin ƙungiyoyi ke yi, domin sun bar ɗaruruwan gidaje rataye a kan takarda guda; idan wani kwamiti ya kai ta banki ya ci bashi, kowa da kowa ya shiga jingina bai sani ba.

Akwai kuma tambayar da ta riga wannan: daga ina ƙungiyar ta samo filin? Galibi gonaki ne aka saya daga mutanen ƙauye, aka yanka irin na awon igiya. Sashe na 36 na dokar ya bar manomi ya ci gaba da riƙe gonar da yake nomawa tun kafin 1978 a wajen birni, amma ƙaramin sashe na 5 ya hana a yanka irin wannan ƙasa fulotai ko a miƙa ta ga wani, ƙaramin sashe na 6 kuma ya mayar da takardar irin wannan ciniki banza, har da tarar naira 5,000 ko ɗaurin shekara ɗaya. Tarar a yau ba ta kai kuɗin buhun siminti ba, amma ɓacin takardar yana nan daram. Don haka ƙungiyar da ta sayi gona tana buƙatar ta bi ta ƙaramar hukuma da Ma'aikatar Ƙasa da Safiyo a sauya matsayin filin kafin a kafa turke ko ɗaya. Sa hannun dagaci ko mai unguwa shaida ce mai amfani a kan cewa mai sayarwa shi aka sani da gonar, da kuma inda iyakokinta suka tsaya, amma ba ya maye gurbin amincewar da doka ta ambata.

Har ila yau, gonar gado da ba a raba ba tana yawan jawo wa ƙungiyoyi shari'a. Babban wa ya karɓi kuɗi da sunan gida, bayan shekara biyar ƙanne mata da ke aure a wasu garuruwa su ji labari. A shari'ar Musulunci magaji ba ya sayar da abin da ya wuce kasonsa sai da yardar sauran, kuma a mazhabar Malikiyya abokan tarayya a dukiyar da ba a raba ba suna da haƙƙin shufu'a, wato su mayar wa mai saye kuɗinsa su karɓi kason da aka sayar. Ko satifiket bai isa ya wanke wannan ba, domin a shari'ar Ogunleye da Oni a 1990 Kotun Ƙoli ta yanke cewa satifiket ba hujja ce yankakkiya ba idan tushen da aka gina shi a kai gurɓatacce ne.

Idan mamba zai sayar

Bari mu kawo misali domin a fi ganewa. A ɗauka ƙungiyar malaman makaranta ta ba wani mamba fuloti a kan naira 1,200,000. Ya biya 700,000, sai lalura ta taso masa, ya nemi dillali, ya sayar wa wani ɗan kasuwa a kan 1,500,000. An rubuta takarda a gaban mai unguwa da shaidu biyu, an biya la'ada, ya miƙa takardar rabo. Ɗan kasuwa ya kai yashi da bulo, sai kwamiti ya tsayar da aiki. A littafin ƙungiya har yanzu sunan malamin ne. Ana binsa ragowar 500,000, ga wani rancen da ya ci wanda ƙungiya ke da ikon riƙe hannun jarinsa a kai. Bugu da ƙari, dokokin cikin gida sun ce sai malami ne zai zama mamba, shi kuwa mai saye ba malami ba ne.

A nan kwamiti bai yi zalunci ba. Malamin ya sayar da abin da bai gama mallaka ba, kuma ƙungiya ba ta cikin yarjejeniyar, don haka ba ta ɗaure ta ba. Dokokin cikin gida na yawancin ƙungiyoyi suna sharɗanta cewa ba a miƙa hannun jari ko fuloti sai ga mamba, ko ga wanda kwamiti ya karɓi buƙatarsa ta shiga, wasu kuma suna ba ƙungiya damar ta fara saye. Abin da ya rage wa ɗan kasuwa shi ne ya bi wanda ya karɓi kuɗinsa, ko a zauna a sasanta ya biya ragowar bashin idan dokokin sun ba da ƙofa. Da tun kafin ya ba da kafin alƙalami ya je ofishin ƙungiya ya nemi a rubuta masa matsayin fulotin da abin da ake bin mai shi, da bai shiga wannan hali ba. Haka abin yake ga gidan da aka gina da rancen Asusun Gidaje na Ƙasa, wanda aka kafa a 1992 kuma Bankin Ba da Lamunin Gidaje na Tarayya ke gudanarwa: gidan yana cikin jingina har a gama biya, kuma sayar da shi a bayan idon mai ba da rancen sayen rigima ne.

Ya kamata mu faɗi ɗaya ɓangaren ma. Akwai kwamitocin da ke amfani da wannan iko su riƙe takardar mutum wata da watanni, ko su ƙirƙiro kuɗin sauya suna wanda babu shi a dokokin da aka yi wa rajista, ko su matsa wa mamba ya sayar wa ɗaya daga cikinsu da araha. Ikon kwamiti bai wuce abin da ke rubuce ba, kuma duk gyaran da aka yi wa dokokin cikin gida ba ya aiki sai babban taro ya amince an kuma yi masa rajista. Mamba yana da damar ya nemi a nuna masa sakin layin da aka dogara da shi.

Wata dabara da ta yaɗu ita ce a rubuta wa mai saye takardar wakilci maimakon takardar sayarwa, don a kauce wa kuɗin neman izini. A shari'ar Ude da Nwara a 1993, Kotun Ƙoli ta bayyana cewa takardar wakilci izini ce kawai na yin wani aiki a madadin mai dukiya, ita kanta ba ta miƙa mallaka.

Batun sayar da fuloti ɗaya ga mutum biyu kuma yakan faru ne idan littafin rabo yana hannun mutum guda, ko aka sauya kwamiti ba tare da miƙa takardu ba. A shari'ar Okoye da kamfanin Dumez a 1985, kotu ta amince cewa wanda ya biya kuɗi kuma ya shiga filin yana da haƙƙin da za a kare ko da bai yi rajistar takardarsa ba. Sai dai wanda ya zo daga baya ya saya da zuciya ɗaya, bai san da cinikin farko ba, ya kuma kammala takardunsa, yana iya rinjaye. Wannan ya sa katanga ko harsashin gini ke da muhimmanci, domin da wuya mai saye na biyu ya ce bai ga alamar mai wuri ba. Wanda ya bar fulotinsa yana kallo wani ya gina yana zaune a ciki shekara goma bai ce komai ba, alhali ba danginsa ba ne kuma babu abin da ya hana shi magana, zai iya tarar da ƙa'idar hauzi tana jiransa a kotun Musulunci.

Idan mamba ya rasu

A fom ɗin shiga ƙungiya akwai gurbin da mamba ke rubuta sunan wanda za a miƙa wa haƙƙinsa idan ya rasu. Dokar gama kai ta yarda ƙungiya ta miƙa wa wannan mutum, idan kuwa babu shi ta miƙa wa magada ko wakilinsu. Nan ne ake samun rashin fahimta mafi ɗaci, domin wanda aka rubuta, ko uwargida ce ko babban ɗa, yakan ɗauka an bar masa gidan ne. Manufar gurbin ita ce ƙungiya ta san hannun da za ta damƙa wa ta fita daga alhaki. Ga Musulmi, dukiyar tana shiga gado: a fitar da bashi, har da na ƙungiya, a zartar da wasiyya wadda ba ta wuce sulusi ba, kuma babu wasiyya ga magaji sai da yardar sauran, sannan a raba. Idan mamaci ya yi nufin kyauta ne tun yana da rai, to sai an ga shaidu da kuma karɓar abin a hannu. Ga waɗanda ba Musulmi ba, wasiyyar da aka rubuta, ko al'adarsu, ko dokar gado da ta shafi irin aurensu ita za a bi.

A Indiya, inda Strickland ya yi aikin rajistar ƙungiyoyi a lardin Punjab kafin ya zo nan, kuma inda rukunan gidajen gama kai suka cika birane irin su Mumbai, an daɗe ana wannan taƙaddama. A 2016, a shari'ar Indrani Wahi, Kotun Ƙolin ƙasar ta ce wajibi ne ƙungiya ta mayar da suna ga wanda mamaci ya rubuta, amma hakan bai hana sauran magada neman haƙƙinsu ba. Hukuncin ba ya ɗaure kotunanmu, mun kawo shi ne don dokokin biyu tushensu ɗaya.

Wani abin da magada kan manta shi ne sashe na 24 na Dokar Amfani da Ƙasa, wanda ya ce ba a raba haƙƙin da Gwamna ya bayar gida biyu ko fiye saboda gado sai da amincewarsa. Alƙali zai iya fitar wa kowa kasonsa, amma tsaga fuloti ɗaya zuwa takardu uku aikin ofishin ƙasa ne. Sashe na 7 kuma ya hana ba wanda bai kai shekara 21 ba irin wannan haƙƙi kai tsaye, sai ta hannun waliyyi ko amintacce, ko da yake abin da ya faɗo wa yaro ta gado nasa ne.

Ina za a kai ƙara?

Kuskuren zaɓen wurin kai ƙara yana cinye shekaru, domin hukuncin kotun da ba ta da hurumi rushewa yake a sama, a dawo farko. Saɓanin da ya shafi harkar ƙungiya, tsakanin mamba da mamba, ko mamba da kwamiti, ko wanda ke neman haƙƙi ta hanyar mamba mai rai ko mamaci, dokar gama kai ta ce a gabatar da shi ga Daraktan Ƙungiyoyin Gama Kai. Shi zai yanke da kansa ko ya naɗa mai sasantawa, akwai hanyar ɗaukaka ƙara ga wanda bai gamsu ba, kuma ana zartar da hukuncin kamar na kotu. Ƙin sauya suna, lissafin bashi, da rabon fuloti ɗaya ga mambobi biyu duk nan suka dosa, kuma jami'in gama kai na ƙaramar hukuma shi ne ƙofar farko.

Idan kuwa gardamar a kan mallakar ƙasar ce, misali tsakanin ƙungiya da masu gona na asali, to sashe na 39 ya keɓe wa Babbar Kotun Jiha duk abin da ya shafi haƙƙin da Gwamna ya bayar. Sashe na 41 ya ba kotunan yanki da makamantansu hurumi a kan haƙƙin gargajiya, kuma a shari'ar Adisa da Oyinwola a 2000 Kotun Ƙoli ta ce Babbar Kotu ma tana iya sauraron irin wannan. Rabon gadon Musulmi na kotunan Musulunci ne, ana ɗaukaka shi zuwa Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Shari'ar Musulunci bisa sashe na 277 na Tsarin Mulki. 'Yan sanda suna da hurumi idan akwai damfara, ko takardar jabu, ko barazanar tashin hankali, amma ofishinsu ba ya yanke wa kowa mallakar fili, kuma takardar da aka sa mutum ya sa wa hannu yana tsare ba ta da ƙarfi a gaban alƙali.

Daga ƙarshe muna jan hankalin dagatai, masu unguwanni da jami'an ƙasa na ƙananan hukumomi cewa idan aka kawo musu cinikin fuloti da ke cikin rukunin ƙungiya, kada su sa hannu sai sun ga takardar kwamiti mai ɗauke da lambar fulotin, da sunan wanda ke littafi, da bayanin ko ana binsa bashi. Idan ƙungiya ce ta zo sayen gona, a nemi shaidar rajistarta, a tabbatar sunanta ne za a rubuta, a kuma kira dukkan magada, maza da mata, ko wakilansu. Mai saye kuma yana da damar ya biya kuɗin bincike a ofishin rajistar ƙasa, ko a hukumomin taswirar kwamfuta a jihohin da suka kafa su, irin su KADGIS a Kaduna da KANGIS a Kano, a duba masa ko satifiket ɗin rukunin yana cikin jingina, ko an soke shi, ko filin ya faɗa cikin wurin da gwamnati ta keɓe domin hanya, makaranta ko burtali.